Fadamu a Ƙasar da Tolkien Ya Ƙaga

Littafin da J. R. R. Tolkien ya rubuta da Ingilishi mai suna The Lord of the Rings, watau Sarkin Zobba, an buga shi a Landan cikin juzu'i uku, biyu a 1954, na ukun a 1955. Labari ne na wata duniya wadda mawallafin ya ƙaga tun daga tushe, ya ba ta taswira da harsuna da jerin sarakuna da lissafin shekaru nata na kanta. Wanda ya buɗe taswirar da ɗansa Christopher ya zana wa littafin, idonsa kan fara sauka ne a kan duwatsu da dazuzzuka da babban kogin nan Anduin. In ya ƙara dubawa kuwa zai ga 'yan ɗige-ɗige a wurare biyar ko shida, inda aka nuna ƙasa mai ruwa da laka. Waɗannan wurare su ne abin nazari a wannan takarda. Za a kira su fadamu tukuna, ko da yake kalmar tana da tata matsala, wadda za a komo kanta a ƙarshe.

Abin da ake so a nuna shi ne, a hannun Tolkien fadama ma'ajiya ce. Abin da ya faɗa cikinta yana nan kwance har ranar da zai sake fitowa. Sa'an nan yawan halittun da ya zuba a kowace fadama ya auna shi da nauyin tarihin da ya binne a ƙarƙashinta: inda babu tarihi sai ƙwari da tsuntsaye su cika wurin, inda tarihi ya yi nauyi sai rai ya janye. Wannan dabara ta yi masa aiki ƙwarai a babi ɗaya, ta kuma jawo masa wani rauni wanda ya kamata a faɗa.

Ga wanda bai karanta littafin ba, abin da yake bukata kaɗan ne. Akwai wasu gajerun mutane, manoma, masu son zaman lafiya, ana ce musu Hobitawa. Ɗaya daga cikinsu, Frodo, ya gaji wani zobe na sihiri wanda mugun sarki Sauron ya ƙera, aka ɗora masa ya kai shi ƙasar Mordor ya jefa cikin wutar dutsen da aka ƙera shi. Mai kula da lambunsa, Sam, ya bi shi. Akwai kuma Elfawa, wata al'umma mai kyan halitta wadda tsufa ba ya kashe ta, da Orkawa, mayaƙan Sauron. Shekarun da za a ambata da Zamani na Biyu ko na Uku lissafin cikin labarin ne.

Fadama ta farko da matafiyan suka ratsa ita ce Midgewater, watau Ruwan Ƙwari, gabas da garin Bree, a farkon watan Oktoba na 3018, Zamani na Uku. Jagoransu Aragorn ya bi da su ta ciki don su kauce wa babbar hanya inda maƙiya ke sintiri. Wannan wuri ba shi da wani tarihi da aka ba shi. Ba a yi yaƙi a nan ba, ba a binne kowa ba. Saboda haka mawallafin ya saki hannu: ga ƙananan tsuntsaye suna kuka a ɓoye cikin ciyayin ruwa, ga ƙudaje, ga ƙwari masu cizo suna shiga hannun riga da gashi, ga wasu dangin gyare da suka hana su barci dare guda, har Sam ya laƙaba musu suna daga irin ƙarar da suke yi. Wahala ce, amma wahala mai ban dariya, irin wadda matafiyi kan ba da labarinta daga baya yana murmushi. Shafi biyu bai cika ba aka wuce.

Ta biyu ta fi nauyi, ko da yake mai karatu bai taɓa taka ta da ƙafar Frodo ba, sai dai ya ji labarinta daga bakin Gandalf a babi na biyu na littafin. Sunanta Gladden Fields, tana inda kogin Gladden ya shiga Anduin. A shekara ta 2 ta Zamani na Uku Orkawa suka yi wa sarki Isildur kwanton ɓauna a kusa da nan, shi ne wanda ya yanke zoben daga hannun Sauron. Ya sa zoben don ya ɓace wa ido, ya faɗa kogi, zoben ya suɓule daga yatsansa, aka gan shi, aka harbe shi da kibau. Zoben ya kwanta cikin laka shekara wajen 2460. A 2463 wasu abokai biyu, Déagol da Sméagol, suka zo kamun kifi da jirgi. Wani babban kifi ya ja Déagol cikin ruwa, ya ga abu yana ƙyalli a ƙasa, ya damƙo shi tare da taɓo. Sméagol ya shaƙe shi ya karɓe. Wannan Sméagol shi ne ya lalace ya zama Gollum.

A nan za a iya cewa ƙa'idar da aka kafa a sama ta karye, gama ga tarihi mai nauyi, ga kuma kifi da furanni. Amsar ita ce, abin da ke kwance a Gladden abu ɗaya ne tak, ɓoyayye, wanda ba wanda ya san yana nan, kuma kyan wurin yana daga cikin aikin da ake so ya yi: kisan farko da zoben ya jawo bayan dogon barcinsa an yi shi ne a tsakiyar furanni, ranar da Sméagol ke murnar zagayowar haihuwarsa. Furannin ma suna cikin sunan. Mai jin Ingilishi na yau zai zaci sunan ya fito daga kalmarsu ta murna, alhali kuwa daga glædene ne, tsohuwar kalmar Ingilishi ta wani tsiron bakin ruwa mai ganye kamar takobi. Da harshen Sindarin, wanda Tolkien ya ƙaga wa Elfawa, wurin sunansa Loeg Ningloron, watau kududdufan furannin ruwa masu launin zinariya. Bayanin ciyayin wurin kusan duka yana dunƙule a cikin sunayen nan biyu.

Wannan hali ne na mutumin da ilmin harsuna ne sana'arsa. Tolkien ya koyar a Jami'ar Leeds daga 1920 zuwa 1925, sa'an nan ya zama shehun malami na tsohon Ingilishi a Oksfod. Yakan fara da suna, sunan ya haifi wuri. Misali mafi bayyana shi ne Nindalf, faffaɗar fadamar da ke gabas da Anduin, ƙasa da gangaren ruwan Rauros, daura da inda kogin Entwash ya rarrabu ya shigo. Ba wanda ya ratsa ta a cikin labarin, Celeborn ne kawai ya kwatanta wa matafiyan ita. Duk da haka tana da suna biyu: Nindalf da Sindarin, daga nîn, jiƙaƙƙe, da talf, shimfiɗaɗɗen fili, da kuma Wetwang da harshen gama-gari, mai ma'ana ɗaya da na farkon. Wetwang kuwa sunan wani ƙauye ne na gaske a lardin Yorkshire, lardin da Leeds take. Abin dariyar shi ne ƙauyen yana kan tudun alli ne, busasshe, kuma masana sunayen wurare da yawa suna ganin asalin sunan daga harshen tsofaffin mutanen Sikandinebiya ne, yana nufin filin da ake shari'a. Tolkien ya ɗauki sunan ya kai shi inda ya dace da yadda kunne ke jinsa.

To, duk waɗannan share fage ne ga babi na biyu na kashi na huɗu, cikin juzu'i na biyu, inda Frodo da Sam suka ratsa Dead Marshes a ranakun 1 da 2 ga Maris 3019, Gollum yana gaba. Nan ne ya kamata a tsaya a duba da kyau.

Ta fuskar shimfiɗar ƙasa, wurin yana da hujja. Arewa da yamma akwai tsaunukan Emyn Muil, masu tsage-tsage, ruwansu yana gangarowa kudu da gabas zuwa wani kwari da ba shi da mafita sosai. Matafiyan da kansu ta cikin wani kwazazzabo mai ƙorama suka sauko, suna bin ruwan har ya rasa gudu ya bazu cikin laka. Gaba da fadamar kuma sai busasshen filin Dagorlad da Baƙar Ƙofar Mordor. Mawallafin ya gaya wa mai karatu a fili cewa akwai wata hanya mai tauri ta gabas wadda za ta kewaye fadamar, sai dai fili ne fetal, babu inda mutum zai fake, Orkawa kuma suna zirga-zirga a kanta. Watau shiga lakar zaɓi ne na hankali. A wata wasiƙa ta 1954 Tolkien ya faɗa cewa da taswira ya fara, sa'an nan ya daidaita labarin da ita, kuma wannan babi shaida ne. Ana iya bin kwanakin tafiyar da yatsa a kan takarda su fito daidai.

Ta fuskar halittu kuwa, sai ya matse hannu. Sam ya lura babu tsuntsu ko ɗaya. Gollum, wanda yunwa ke ci kullum, ya tabbatar da haka cikin takaici, ya ce sai macizai da tsutsotsi da wasu abubuwa na cikin kududdufai waɗanda bai faɗi sunansu ba. Ko waɗannan ma ba a gan su ba, an ji ambatonsu ne kurum. Ciyayin busassu ne ko ruɓaɓɓu, koren da ake gani kaɗai shi ne gansakukar da ke kan ruwa mai maiƙo. Wanda ya san fadama ta gaske ya san ba haka take ba, domin da wuya a sami wurin da ya fi ta yawan rai. Tolkien ma ya sani, ga shi ya nuna a Midgewater, ya kuma nuna a Swanfleet, inda a hanyar komowa gida matafiyan suka hangi ɗimbin fararen tsuntsayen nan masu dogon wuya, dangin dinya, zaune cikin ciyayin ruwa. Rashin tsuntsu a nan da gangan ne. Mai karatu ya riga ya ji kukansu a fadamar farko, don haka shirun wannan ya dame shi tun kafin a gaya masa dalili.

Dalilin ya zo da dare. Wasu fitilu marasa ƙarfi suka fara bayyana a kan ruwa, kamar kyandir. Sam ya yi tuntuɓe, hannuwansa suka nutse cikin laka, fuskarsa ta kusanci ruwan, sai ya ga fuskokin matattu suna kallonsa daga ƙasa. Frodo ya riga ya gan su: mutane da Elfawa da Orkawa, wasu masu kwarjini, wasu munana, duk suna ruɓewa tare. Gollum ya ba da tarihin cikin 'yan kalmomi, ya ce an yi babban yaƙi a filin da ke gaban Ƙofa tun da daɗewa, daga baya fadamar ta yi ta rarrafe har ta haɗiye kaburbura. Yaƙin Dagorlad ke nan, na shekarar 3434 ta Zamani na Biyu, sa'ad da rundunar mutane da Elfawa ta karya ta Sauron. Sam, da yake mutum ne mai lissafi, ya yi gardama, ya ce ai abin ya daɗe ƙwarai, ba zai yiwu gawawwakin su kasance a nan har yanzu ba. Gaskiyarsa kuwa, gama tsakanin yaƙin da wannan dare ya fi shekara 3000. Gollum ya ce shi ya taɓa miƙa hannu ya taɓa su, bai kai gare su ba, wataƙila siffa ce kawai ta gani.

A nan mawallafin ya tsaya, bai warware ba, kuma tsayawar ita ce ƙarfin babin. Da ya ce gawawwaki ne na gaske da sai a nemi hujja, hujjar ma akwai ta: a ƙasashen arewacin Turai akwai fadamu masu sanyi waɗanda ruwansu ke da tsami, babu iska a ƙarƙashinsa, har gawa ta yi shekara dubu biyu fata da gashi ba su ruɓe ba. Wadda ta fi shahara, ta Tollund a Denmak, an tono ta a 1950, bayan an rubuta babin nan a 1944, don haka ba za a ce daga gare ta ya ɗauko ba. Da kuma ya ce sihirin Sauron ne da abin ya zama ɗaya daga cikin dabarun maƙiyi, a wuce shi a manta. Da ya bar shi a tsakani, sai fadamar da kanta ta zama mai tunawa. Fim ɗin da Peter Jackson ya yi a 2002 ya rasa wannan, domin a can Frodo ya faɗa cikin ruwan, fatalwa suka kawo masa cafka. Abin ya ba da tsoro na minti ɗaya, amma matattun da suka miƙo hannu sun daina zama tarihi, sun koma dodanni.

Sauran tarihin wurin yana cikin ratayen littafin da kuma Unfinished Tales, wanda Christopher ya fitar a 1980. A can aka ce a yaƙin Dagorlad an datse Elfawan Lórien daga sauran runduna aka kora su cikin fadamar, fiye da rabinsu suka halaka tare da sarkinsu. A 1944 na Zamani na Uku kuma, jarumi Eärnil ya fatattaki mahara masu keken doki da suka zo daga gabas, da yawansu suka mutu a nan suna gudu. A 3017 nan Aragorn ya kama Gollum. Watau ba yaƙi ɗaya wurin ya ci ba, duk wanda aka karya a gaban Mordor nan yake ƙarewa. Mai karatu bai rasa kome ba in bai leƙa ratayen ba, kuma wannan abin yabo ne, domin mawallafa da yawa da suka bi sawun Tolkien ba su iya riƙe abin da suka sani ba, sai sun juye shi duka a tsakiyar labari.

Daga ina hoton ya fito? Tolkien hafsan sigina ne a bataliya ta 11 ta Lancashire Fusiliers a yaƙin Somme, arewacin Faransa, a 1916. Ran 1 ga Yuli kaɗai, ranar da aka fara, sojan Ingila 19,240 suka mutu, cikinsu har da abokinsa Rob Gilson. Wani abokin, G. B. Smith, ya mutu a Disamba. Da ruwan kaka ya sauko, filin ya koma caɓi, ramukan da harsashin igwa ya haƙa suka cika da ruwa, gawawwakin ɓangarorin biyu suna ciki ba mai kwashewa. Shi kansa zazzaɓin da kwarkwata ke kawowa ne ya fid da shi, aka mai da shi Ingila a Nuwamba. A wasiƙar da ya rubuta ran 31 ga Disamba 1960 ya yarda cewa fadamar da hanyar Baƙar Ƙofa suna da bashin arewacin Faransa bayan Somme, amma ya ƙara da cewa bashin William Morris, mai littafin The House of the Wolfings na 1889, ya fi yawa. Ba lalle ne a karɓi wannan awo nasa yadda ya ba da shi ba. Mutum ne da ya ƙi jinin a ce labarinsa hoton wani yaƙi ne aka sauya wa riga, yana da dalilin rage kason Somme. Abu guda dai ya fi kama da na wanda ya gani da ido: a ko'ina cikin littafin Orkawa abin kashewa ne ba tare da waiwaye ba, amma a cikin ruwan nan suna kwance kafaɗa da kafaɗa da Elfawa, ba a bambanta kabarinsu ba. Da wuya a sami wani wuri a juzu'in uku inda aka daidaita su haka.

Akwai kuma gado na biyu, wanda ya girmi Somme da shekara fiye da dubu. A tsohon adabin Ingilishi fadama gidan mugun abu ce. Grendel, dodon waƙar Beowulf, daga fadama yake fitowa, uwarsa kuma a ƙarƙashin wani tafki take wanda wuta ke ci a kansa da dare. Tolkien ya yi sanannen jawabi a kan wannan waƙa a 1936. Guthlac, wanda ya yi zaman kaɗaici a Crowland cikin fadamun gabashin Ingila har ya mutu a 714, labarinsa cike yake da shaiɗanun da suka dame shi a can. Fitilun da ke yaudarar matafiyi da dare su ma tsohuwar camfi ce ta ƙauyukan Birtaniya. Har wa yau fadama mafaka ce a tarihinsu: sarki Alfred ya ɓuya a Athelney a 878, Hereward ya yi tsayayya da sarki William daga Ely a 1071. Duka biyun, tsoro da mafaka, suna cikin babin, tun da hazon da ya ɓoye Frodo daga idon Sauron shi ne kuma ke kan matattu.

A nan raunin da aka ambata ya shigo. Fadamun Ingila na gaske, kafin a fara janye ruwansu gadan-gadan a ƙarni na 17, suna da mutane: masunta, masu kama agwagin ruwa, masu yankan ciyawar jinka, masu kiwo a bakin ruwa. Garin Ely ma an ce daga sunan wani dogon kifi mai kama da maciji ya samo sunansa. Tolkien ya san wannan duka, amma a ƙasarsa bai zaunar da kowa a Midgewater ba, ko Nindalf, ko Swanfleet. Mutanen bakin Gladden sun ɓace tun kafin labarin ya fara. Fadama ɗaya da ke da mazauna ita ce Marish, a ƙasar Hobitawa, inda manomi Maggot yake, ita kuwa an riga an mai da ita gona. Wanda kaɗai ya san sirrin laka a littafin, ya san inda za a taka da inda za a nutse, shi ne Gollum, mai kisan kai, mai cin ɗanyen kifi. Mawallafin da ya ba daji makiyayan itatuwa, ya ba duwatsu maƙera, ya ba filayen ciyawa mahaya doki, bai ga fadama ta cancanci al'umma tata ba. Duniyar da ake yabonta da cika tana da wannan giɓi, kuma dabarar nan ta mai da fadama ma'ajiyar abin da ya wuce ita ce ta buɗe shi, gama wurin da aka keɓe wa matattu ba a kafa masa kasuwa.

Wannan giɓi zai fi bayyana ga ɗalibin da ya tashi a ƙasar Hausa, shi ya sa ya kamata malamin da zai karanta babin da ɗalibansa ya shirya masa. A Hausa fadama kalmar albarka ce. Ita ce inda ake shinkafa da damina, a yi rake da albasa da rani, inda Fulani ke kai shanu sa'ad da tudu ya bushe, inda ake su in ruwa ya janye. Wanda ya san fadamun Haɗeja da Nguru, da tsuntsayen da ke zuwa musu daga Turai kowace shekara, in aka ce masa an shiga fadama aka rasa tsuntsu, zai ji girman abin fiye da Bature, amma in aka ce masa fadama wurin tsoro ce tun asali, sai an yi masa bayani.

Daga nan matsalar fassara ta taso. Bayan da aka juya littafin zuwa harshen Holan da na Suwidin, Tolkien bai ji daɗin yadda aka yi da sunayensa ba, ya rubuta wa masu fassara jagora, wadda aka buga a 1975. Ƙa'idarsa ita ce sunayen harsunan Elfawa a bar su yadda suke, waɗanda ke da ma'ana a Ingilishi kuwa a fassara ma'anarsu. Bisa ga wannan, Nindalf zai zauna, Wetwang zai zama wani abu kamar Jiƙaƙƙen Fili, ko Dausayi in ana son kalma guda, ko da yake dausayi ma yana da ƙanshin kiwo da ni'ima. Dead Marshes ya fi wuya, ta hanya biyu. Ta farko, kalmar wurin: fadama da dausayi sun yi daɗi da yawa, tafki ya yi tsabta da yawa, kududdufi ya yi ƙanƙanta kuma na cikin gari ne, caɓi da taɓo kuwa halin ƙasa suke nunawa, ba a saba kiran yanki da su ba. Ta biyu, nahawu: a Ingilishi kalmar farko ta sunan siffa ce, tana cewa fadamar ce ta mutu, sai labarin ya zo daga baya ya ƙara ma'ana ta biyu, cewa matattu ne a ciki. Fassarar Jamusanci ta 1969 zuwa 1970 da ta Faransanci ta farko duk sun ɗauki ma'ana ta biyun, suka kira wurin na matattu. Hausa ma dole ta zaɓa, ko Matacciyar Fadama ko Fadamar Matattu.

Na farkon ya fi. Fadamar Matattu ta tona asirin babin tun daga taswira, kafin Sam ya yi tuntuɓe. Matacciyar Fadama kuwa tana riƙe da tsarin da mawallafin ya bi, a fara da rashin tsuntsu, a ƙare da fuskoki. Kuma a nan daɗin kalmar fadama ya koma amfani, domin Bahaushe da ya ji an haɗa ta da matacciya zai ji kalmomin biyu suna faɗa da juna, abin da sunan Ingilishin ba ya yi wa mai shi. Sunan na biyu ana iya ajiye shi don kududdufin da ke tsakiya, inda fuskokin suke, tun da shi ma Tolkien ya ba shi suna dabam a cikin babin.